Sharhi: Masana'antun Kaduna da fim ɗin da har yanzu ba a yi ba

Matafiyin da ya tashi daga Sabon Tasha ya kama hanyar Kachia zuwa Kafanchan ba zai yi nisa ba zai hango tankuna da dogayen bututun Matatar Mai ta Kaduna. Idan kuma cikin gari ya nufa, zai bi ta kusa da Kakuri, inda gine-ginen masaƙu suke tsaye shiru, wasu rufinsu ya yaye, ciyawa ta mamaye harabarsu. Tsakanin waɗannan wurare biyu akwai unguwanni irin su Makera da Nassarawa da Television da Unguwar Boro, waɗanda albashin ma'aikatan masana'antu ya taimaka wajen gina su ɗaki bayan ɗaki.

Matasan da aka haifa a waɗannan unguwanni bayan shekarar 2000 ba su taɓa jin jiniyar canjin aiki a Kakuri yadda iyayensu suka ji ta ba, ba su kuma ga dubban masu kekuna suna fitowa daga ƙofar masaƙa a lokaci guda ba. Abin da suka sani labari ne daga bakin dattawa, dattawan kuma suna ta raguwa. A daidai lokacin da gwamnatoci ke sake maganar farfaɗo da matatar mai da masaƙu, ya dace a tambaya: ina cikakken fim ɗin gaskiya, wato dokumentari, da zai nuna wa mai biyan haraji yadda gwamnati ta kafa waɗannan masana'antu, da abin da suka samar, da kuma abin da ya durƙusar da su?

Abin mamakin shi ne, Arewa ta daɗe da sanin amfanin fim wajen isar da saƙon ci-gaba. Tun zamanin mulkin mallaka ake yawo da motar majigi gari-gari, a kafa farin ƙyalle a ƙofar fada ko a filin makaranta, mai fassara yana bayani da Hausa ta lasifika. A 1939 Ingila ta kafa sashen shirya fina-finai na ƙasashen da take mulka, kuma William Sellers, wanda ya jagorance shi, a Najeriya ya fara wannan sana'a lokacin yana jami'in kiwon lafiya a Legas. Daga baya gwamnatin Jihar Arewa ta samu nata sashen fim a Kaduna. A shekarun 1950 aka shirya Baban Larai domin jan hankalin manoma ga ingantaccen noma, musamman na auduga, kuma a wannan sashe ne Alhaji Adamu Halilu, wanda ya shirya fim ɗin Shaihu Umar a 1976, ya goge a aikinsa.

Wannan zamani na majigi ya zo daidai da zamanin kafa masana'antu. A 1957 masaƙar KTL ta fara aiki a Kakuri, ta haɗin gwiwar gwamnatin Jihar Arewa ƙarƙashin Sardaunan Sakkwato, Sir Ahmadu Bello, da kamfanin David Whitehead na Ingila. Hikimar a bayyane take: maimakon a riƙa ɗora audugar Funtua da Gusau da Zariya a jirgi zuwa Ingila, a dawo da ita a matsayin yadi mai tsada, gara a kaɗe ta a saƙe ta a gida. Da akoko masaƙar ta fara. Nortex ta biyo baya, sai UNTL a 1964 da jarin 'yan kasuwar Hong Kong, sai Arewa Textiles da ta fara aiki a 1965 da haɗin gwiwar kamfanonin Japan. A 1964 ne kuma aka kafa kamfanin ƙera makamai na DICON a Kakuri.

Da kuɗin mai suka shigo a shekarun 1970, Gwamnatin Tarayya ta ɗora nata tubalin. Kamfanin haɗa motocin Peugeot, wato PAN, ya fara aiki a 1975, kamfanin takin zamani na sufa ya biyo baya a 1976, sannan a 1980 aka ƙaddamar da matatar mai wadda kamfanin Chiyoda na Japan ya gina. An tsara matatar ne ta tace ganga 100,000 a kullum, daga baya aka ɗaga zuwa 110,000. Ta bututu ake turo mata ɗanyen mai tun daga yankin Neja Delta, tafiyar ɗaruruwan kilomita, kuma sashenta na man shafawa na inji yana buƙatar ɗanyen mai mai kauri da ake sayowa daga ƙasashen waje.

Kyamarorin gwamnati sun halarci bukukuwan buɗe irin waɗannan wurare. An ɗauki manyan baƙi suna yanka zare, an ɗauki injuna suna juyawa, gidan talabijin na Kaduna da aka kafa a farkon shekarun 1960, da NTA daga baya, sun watsa wa jama'a. Amma fim ɗin da hukuma ta biya kuɗinsa yakan tsaya ne inda hukuma ke so ya tsaya. Ranar buɗewa akwai kyamara. Ranar da aka liƙa takardar sallamar ma'aikata a ƙofar masaƙa kuwa, sai ɗan gajeren rahoto a labaran dare, in ma an yi. Saboda haka tarihin masana'antun Kaduna a hoto mai motsi ya cika da farkon labari, ƙarshensa kuma ya warwatsu a bakunan waɗanda abin ya shafa.

Shi kansa farkon labarin yana cikin haɗari. Faifan fim na da yana ruɓewa idan zafi da laima suka same shi. Yakan fara warin tsami, ya lanƙwashe, hoton ya goge. Kaset-kaset ɗin bidiyo da gidajen talabijin suka yi amfani da su a shekarun 1980 su ma suna da iyakar kwana, injunan da ke karanta su kuma sun yi ƙaranci a duniya. Labarin fim ɗin Shaihu Umar ya isa ishara. Shekaru da yawa ana ɗauka ya ɓata, har sai da aka gano faifansa a wata tsohuwar ma'ajiya ta Hukumar Fina-finai ta Najeriya, aka gyara shi tare da cibiyar Arsenal ta birnin Berlin a Jamus, aka kuma nuna shi a bikin fina-finai na Berlin a 2018. Idan fim mai suna irin wannan ya kusa salwanta, me ake zaton ya samu faifan da aka ɗauki masu kaɗi da masu rini a Kakuri?

Wani zai ce wannan damuwa ce ta masu sha'awar tarihi, ba ta shafi tuwon yau ba. Alƙaluma ba su yarda da haka ba. A watan Fabrairun 2023 kamfanin NNPC ya sanya hannu da kamfanin Daewoo na Koriya ta Kudu kan kwangilar gyaran Matatar Kaduna a kan kimanin dala miliyan 740. Kafin nan, rahoton binciken kuɗi na shekarar 2018 da NNPC ta wallafa a 2020 ya nuna cewa matatar ba ta shigo da ko kwabo a wannan shekara ba, alhali ta yi asarar sama da naira biliyan 60. A ɓangaren masaƙu, Gwamnatin Tarayya ta ware naira biliyan 100 ta hannun Bankin Masana'antu a wajajen 2010 domin farfaɗo da auduga da saƙa da ɗinki, sannan a watan Maris na 2019 Babban Bankin Najeriya ya hana masu shigo da yadi samun kuɗin waje daga hannun hukuma. Duk da haka ƙofofin yawancin masaƙun Kakuri suna garƙame. Dukiyar jama'a ce ake zubawa, jama'ar kuma ba su da wata hanya mai sauƙi ta gane dalilin da ya sa zubin baya bai yi tsiro ba.

Bayanan suna nan, amma a cikin littattafan masana da rahotannin kwamitoci, da Turanci, inda manomin auduga da tsohon masaƙi ba za su kai gare su ba. Masana biyu daga Sweden, Gunilla Andrae da Björn Beckman, sun wallafa littafi a ƙarshen shekarun 1990 kan ƙungiyar ma'aikatan masaƙu ta Najeriya, wadda hedikwatarta ke Kaduna. Aiki ne mai daraja, amma mutum nawa ne suka karanta shi a Sabon Tasha? Fim ɗin awa ɗaya da Hausa, wanda za a kalla a waya ko a gidan kallo, zai kai inda littafin bai kai ba. Gani ya kori ji.

To, me irin wannan fim ya kamata ya bincika? Da farko, lissafin kafuwa. Masana'antun nan sun tsaya ne a kan ginshiƙai da gwamnati ta tanada: kariya daga kayan waje ta hanyar haraji da haramci, wutar lantarki mai araha, baƙin mai na tukunyar tururi daga matata, audugar da hukumar sayen amfanin gona ke tattarawa, da kuma naira mai ƙarfi wadda ke sauƙaƙa sayen injuna da sinadaran rini daga waje. Dokumentari na ƙwarai zai nuna wa mai kallo kowane ginshiƙi, domin ya gane cewa masana'anta ba gini da inji kaɗai ba ce.

Na biyu, yadda ginshiƙan suka zube ɗaya bayan ɗaya. Faɗuwar farashin mai a farkon shekarun 1980 ta jawo ƙarancin kuɗin waje. Shirin gyaran tattalin arziki na SAP da gwamnatin Janar Ibrahim Babangida ta ɓullo da shi a 1986 ya karya darajar naira: dalar da ba ta kai naira ɗaya ba a 1985 ta koma kimanin naira huɗu a 1987. A 1986 ɗin ne kuma aka rushe hukumomin sayen amfanin gona, har da ta auduga, lamarin da ya taɓa ingancin iri da tsarin tantance auduga. A 1997 aka ɗage haramcin shigo da yadi. Atamfar Asiya, wadda sau da yawa ake kwaikwayon zanen masaƙun gida a jikinta, ta riƙa kwararowa ta fasa-ƙwauri daga Kwatano ta bi ta Nijar zuwa kasuwar Kantin Kwari a Kano. Wuta ta yi ƙaranci, baƙin mai ya yi tsada saboda matatar da ke maƙwabtaka da masaƙun ta daina aiki yadda ya kamata. KTL ta rufe a 2002, Arewa Textiles ta bi sahu bayan 'yan shekaru, UNTL ta dakatar da aiki a 2007. Kamfanin PAN kuwa an sayar da mafi yawan hannun jarin gwamnati a cikinsa a 2006, daga baya bashi ya sa hukumar AMCON ta karɓe shi a 2012.

A nan ne ake gane mai shirya fim na gaskiya. Abu ne mai sauƙi a ɗora laifin duka a kan Bankin Duniya ko 'yan sumoga, a rufe babi. Amma dole a tambayi tsofaffin manajoji dalilin da ya sa aka bar injunan shekarun 1960 suna aiki har ƙarshen ƙarni ba tare da sabuntawa ba. Dole a tambayi kamfanin NNDC, mallakar jihohin Arewa 19, wanda KTL ke ƙarƙashin kulawarsa, yadda aka riƙa naɗa shugabanni da yadda aka yi da riba a shekarun da ake samunta. Dole a tambayi jami'an kwastan yadda tirela cike da yadi ke wuce shingaye. Dole kuma a tambayi masu saye, domin matar da ta zaɓi atamfa mai rahusa tana da nata lissafin, kuma ba ta yi laifi ba. Fim ɗin da ya tsallake waɗannan tambayoyi zai sa a yi kuka, amma ba zai sa a yi gyara ba.

Na uku, abin da rufewar ta yi wa mutane. Tsofaffin ma'aikatan KTL sun shafe fiye da shekaru ashirin suna bin haƙƙinsu na sallama, da yawa sun rasu ba su karɓa ba, matansu da 'ya'yansu ne suka gaji takardun. Kowane ma'aikacin masaƙa yana ɗauke da wasu bakunan: mai gidan haya, mai sayar da abinci a bakin ƙofa, mai gyaran keke, tela, da dangin da ke jiran aike a Zonkwa ko Kagoro ko Kwoi ko Funtua. Masaƙa kuma makaranta ce ta zaman tare. Bajju da Atyap da Ham da Gbagyi da Hausawa da Tibi da Igala da Yarbawa sun yi aiki a layi ɗaya, sun shiga ƙungiya ɗaya. Adams Oshiomhole, wanda ya shugabanci Ƙungiyar Ƙwadago ta Najeriya kafin ya zama gwamnan Edo, daga masaƙar Arewa Textiles ya faro. Rikice-rikicen 2000 da 2002 da suka raba mazauna Kaduna gida biyu, kudu da arewacin kogi, sun zo ne a daidai lokacin da masaƙun ke tangal-tangal. Ba za a ce ɗaya ne ya haifi ɗaya ba, amma mai bincike na da haƙƙin tambaya: me gari ke rasawa idan wuraren da ke haɗa mabiya addinai daban-daban kullum safiya suka rufe?

Labarin bai tsaya a cikin birni ba. Garin Kafanchan ya bunƙasa ne saboda mahaɗar jirgin ƙasa da aka kammala a ƙarshen shekarun 1920, wadda ta haɗa layin Fatakwal da Kaduna da Jos. Da zirga-zirgar jirgi ta ja baya, kasuwanci da sana'o'in da ke rataye da ita suka bi ta. A Kachia, gwamnatin jiha ta kafa masana'antar sarrafa citta a shekarun 1980, cikin jerin masana'antun sarrafa amfanin gona da aka faro tunaninsu a zamanin Gwamna Abdulkadir Balarabe Musa, amma ta shafe shekaru masu yawa ba ta aiki. Har yau manoman Kachia da Jaba da Kagarko suna tsaga citta su shanya, a loda buhuna zuwa tashar jiragen ruwa, can a ƙasashen waje a tatsi manta a sayar da tsada. Da cutar da ta ruɓar da citta ta afka wa yankin a daminar 2023, manomi ba shi da wani madogari. Wannan shi ne ainihin matsalar da aka kafa KTL domin magancewa a 1957, ta sake dawowa da wata riga.

Sauran ƙasashe sun nuna cewa irin wannan aiki mai yiwuwa ne, kuma ba lallai sai da makudan kuɗi ba. A ƙasar Sin, Wang Bing ya ɗauki ƙaramar kyamara ya zauna tare da ma'aikatan masana'antun gwamnati a unguwar Tiexi ta birnin Shenyang daga 1999 zuwa 2001, lokacin da ake rufe su. Fim ɗinsa mai tsawon sama da awa tara ya zama abin da masana ke komawa gare shi idan ana maganar wannan zamani. A Amurka, Julia Reichert da Steven Bognar sun bi diddigin wata tsohuwar masana'antar motoci ta General Motors a jihar Ohio, wadda aka rufe a 2008, daga baya kamfanin gilashi na Fuyao daga Sin ya sake buɗe ta. Fim ɗinsu, American Factory, ya ci lambar Oscar a 2020. Abin da ya haɗa ayyukan biyu shi ne haƙuri: sun daɗe tare da mutanen, sun bar ma'aikaci da mai kamfani kowa ya faɗi nasa.

A Najeriya babban cikas shi ne wanda zai biya. Kasuwar Kannywood da ta Nollywood sun fi karkata ga labaran da ke saurin dawo da jari. Tallafin naira biliyan 3 da gwamnatin Shugaba Goodluck Jonathan ta sanar wa masana'antar fim a 2013 ya nuna cewa gwamnati na iya sa hannu, amma kowa ya ci ladan kuturu dole ya yi masa aski. Idan ma'aikata ko kamfanin gwamnati ne ya ɗauki nauyin fim a kan kansa, abin da kan fito shi ne hoton jirgi marar matuƙi yana shawagi a saman sabon gini, da jawabin shugaba. Irin wannan talla ce, tana da nata muhallin, amma ba za ta amsa tambayoyin da aka jero a sama ba.

Mafita ita ce a raba mai ba da kuɗi da mai yanke hukunci kan abin da zai shiga fim. Asusun TETFund na tallafa wa bincike a manyan makarantu. Babu abin da zai hana sassan koyar da aikin jarida da tarihi da tattalin arziki na Jami'ar Ahmadu Bello da Jami'ar Jihar Kaduna, wadda ke da reshe a Kafanchan, su nemi tallafi don aiki irin wannan tare da Cibiyar Koyar da Fim ta Ƙasa da ke Jos. Gidan Arewa da Ma'ajiyar Tarihi ta Ƙasa da ke Kaduna suna riƙe da takardun gwamnatin Jihar Arewa, tsofaffin kofen New Nigerian da Gaskiya Ta Fi Kwabo kuma suna ɗauke da rahotannin wancan zamani. Dokar 'Yancin Samun Bayanai ta 2011 ta ba mai bincike damar neman takardun hukumomin tarayya. Ƙungiyar ma'aikatan masaƙu kuwa ta san inda tsofaffin mambobinta suke.

Akwai abu biyu da ba sa jiran a kammala neman kuɗi. Na farko shi ne a ƙidaya faifai da kaset-kaset ɗin da ke ajiye a NTA Kaduna da kafar yaɗa labarai ta jiha da ma'ajiyar Hukumar Fina-finai a Jos, a fara mayar da waɗanda suka fi shiga haɗari zuwa na'urar kwamfuta. Na biyu shi ne a fara naɗar hira da tsofaffin ma'aikata, da Hausa da sauran harsunan yankin. Wanda ya shiga KTL yana ɗan shekara 20 a 1970 ya haura 70 yanzu. Waya mai kyau da makirufo da ɗalibi mai ladabin sauraro sun isa a soma, kuma hirar da aka naɗa bana za ta yi amfani ko da fim ɗin ya ɗauki shekara biyar bai fito ba.

Tun 2022 wani sabon kamfani na haɗin gwiwar Dangote da masu Peugeot da wasu gwamnatocin jihohi ya fara haɗa motoci a kan hanyar Kaduna zuwa Abuja, akwai kuma bututun iskar gas daga Ajaokuta zuwa Kaduna da Kano, wanda aka ƙaddamar da aikinsa a 2020 da fatan ya sauƙaƙa wa masana'antu makamashi. Babu shakka za a gayyaci kyamarori ranar buɗe kowane sabon aiki. Abin da mazauna Sabon Tasha da Kakuri da Kachia da Kafanchan ke buƙata shi ne kyamarar da za ta dawo bayan manyan baƙi sun watse, ta tambayi mai gadi da mai inji da akanta yadda abubuwa ke tafiya, ta kuma ajiye amsarsu inda 'ya'yansu za su same ta.